Bizar masu kuɗi: tambayoyi da amsoshi kan sayen izinin zama a ƙasar waje

Tun da naira ta shiga wannan tangal-tangal ɗin, maganar bizar zinare ta shigo bakin mutanenmu sosai, musamman 'yan kasuwa da masu yara a makarantun waje. Ejan-ejan kuma sun cika Instagram da hoton fasfo da bakin teku, kowa na cewa nashi ya fi sauri. Ga tambayoyin da aka fi yi a kai.

Wai mece ce ma bizar zinaren nan?

Ciniki ne tsakaninka da wata gwamnati. Kai ka zuba kuɗi mai kauri a ƙasarsu, ko ka sayi gida ko ka sa a wani asusun jari ko ka buɗe kamfani da zai ɗauki 'yan ƙasa aiki, su kuma su ba ka katin zama kai da iyalinka. Ba sabon abu ba ne, Kanada ta fara nata tun 1986, Amurka ta biyo a 1990. Amma kasuwar ta buɗe sosai ne bayan tattalin arzikin Turai ya karye, lokacin da gidaje suka yi kwantai babu mai saye. Fotugal ta fara a 2012, Sifen da Girka suka biyo a 2013, duk neman kuɗin baƙi ne ya kawo su.

Kenan fasfo ake sayar wa mutum?

A'a, kuma a nan ake yawan yi wa mutane rufa-rufa. Izinin zama daban, zama ɗan ƙasa daban. Katin Girka ko na Fotugal zai ba ka damar zama a ƙasar, ka kuma leƙa sauran ƙasashen Shengen, wato ƙasashen Turai da ake zirga-zirga tsakaninsu ba binciken iyaka, na kwana 90 cikin kowane kwana 180, amma ba zai ba ka damar ka je Jamus ka kama aiki ba, fasfonka kuma yana nan kore yadda ka san shi. Masu sayar da fasfo kai tsaye su ne irin tsibiran Karebiyan, Sen Kits da Nebis ta fara tun 1984, sai Dominika da Girenada da sauransu, akwai kuma Turkiyya mai ba da shi in ka sayi gidan dala 400,000. A cikin Tarayyar Turai an toshe wannan ƙofar, Sayifurus ta rufe nata a 2020, Malta kuma kotun Tarayyar ta yanke a watan Afrilun 2025 cewa shirinta ya saɓa doka.

Nawa ake magana?

Girka da yuro 250,000 ta fara, yanzu a Atens da Tasalonika da manyan tsibirai sai 800,000, sauran wurare 400,000, kuma an hana ka sa gidan a hayar kwana-kwana irin ta Airbnb. Fotugal ta cire sayen gida gaba ɗaya a Oktoban 2023, cikin abin da ya rage akwai asusun jari na yuro 500,000 ko gudummawar 250,000 ga harkar al'adu da kayan tarihi. Amurka dala 800,000 a karkara ko inda rashin aiki ya yi yawa, 1,050,000 a sauran wurare. Wannan fa uwar kuɗin ce kawai, ba a sa kuɗin lauya da na gwamnati kan kowane mutum ɗaya da na fassara da harajin sayen gida ba, mai 'ya'ya da yawa zai ji a jikinsa.

Ejan ya ce min wata shida kati zai fito. Gaskiya ne?

A takarda gaskiya ne, har ma ya yi maka ƙari, don dokar Fotugal kwana 90 ta ba hukuma ta yanke hukunci. A zahiri kuwa mutane sun yi shekara biyu, uku, wasu sun haura suna jira, kuɗinsu kuma tuni ya shige.

Abin da ya faru shi ne, hukumar shige da ficen ƙasar ta da, wadda ake kira SEF, ita ke riƙe da komai, daga tsaron filin jirgi har ba da katin zama. A watan Maris na 2020 wani ɗan Yukiren ya mutu a hannun jami'anta a filin jirgin Lisbon, ƙasa ta ɗauki zafi, gwamnati ta ce za a rushe hukumar. To rushewar ba ta zo da wuri ba, aka yi ta ɗagawa ana ɗagawa, ma'aikata ba su san makomarsu ba, ga korona ta rufe ofisoshi, fayil kuma yana ta taruwa. Sai a ƙarshen Oktoban 2023 sabuwar hukuma mai suna AIMA ta karɓi aiki, ta tarar da tudun fayil, a 2024 gwamnati da bakinta ta ce waɗanda ke jira sun haura 400,000. Yawancinsu ba masu bizar zinare ba ne, leburori ne da masu aikin gona da otal daga Birazil da Indiya da Nefal da ƙasashen Afirka masu jin Fotugis, amma layin ɗaya ne, tagar ɗaya ce, na'urar ɗaukar hoton yatsa ma ɗaya ce. Mai rabin miliyan ɗin yuro ya zo ya tarar babu wata ƙofar baya da aka ware masa, daga baya ma gwamnati ta fito ta nuna cewa da gangan aka bar masu kuɗin a ƙarshen layi don a fara da talakawan da ba su da wata madafa. Ni dai ban ga laifin wannan hujjar ba, laifin shi ne ci gaba da karɓar sabbin mutane alhali an san ba a gama da na da ba.

Inda abin ya fi cin rai shi ne ɗaukar hoton yatsa. Dole ka zo da ƙafarka, kai da matarka da yara, ranar da aka ba ka kuma ba kai ka zaɓa ba. Wani a ba shi rana a wannan gari, a ba matarsa wata rana daban a wani gari bayan watanni, ɗan Najeriya kuma kafin ya je sai ya nemi bizar shiga tukuna, wani layin kenan. Da mutane suka gaji sai lauyoyi suka gano cewa in ka kai ƙara kotun gudanarwa ta Lisbon alƙali zai umarci hukuma ta ba ka rana, shi kenan kowa ya ruga kotu, dubban ƙararraki suka taru, kotun ita ma ta cushe. Kamar layin mai ne lokacin wahalar fetur, an ce ga wani gidan mai can yana bayarwa, kafin ka isa layin can ya fi wanda ka baro.

To tunda kuɗi na shigowa, me zai hana su ɗauki ƙarin ma'aikata?

Ai kuɗin ba ofishin yake shiga ba. Rabin miliyan ɗin nan aljihun mai gini yake tafiya ko na manajan asusu, hukumar shige da fice kuɗin fom da na kati kawai ake biya, shi ma ba lallai ya zauna a hannunta ba. Sannan ɗaukar ma'aikacin gwamnati a Turai ba abin kwana biyu ba ne, ga wanda ake buƙata ba kowane akawu ba ne, sai wanda zai iya karanta bayanan banki da takardun kamfani daga ƙasashe barkatai ya gane inda aka yi coge. Irin wannan mutumin banki zai biya shi ninkin abin da gwamnati za ta ba shi.

Akwai kuma wani abu da masu tsara shirin ba su cika lissafawa ba, mutum ɗaya in an amince da shi ba a gama da shi ba kenan. Yana da iyali, kowanne fayil ne, kuma duk bayan 'yan shekaru za su dawo sabunta kati, a duba ko jarin yana nan, ko ya cika kwanakin da aka ce ya yi a ƙasa. A Fotugal kwana 7 ne a shekarar farko sai 14 a kowace shekara biyu, kaɗan ne, amma sai wani ya zauna ya duba tikiti da hatimin fasfo. Ga kuma tururuwa, duk lokacin da gwamnati ta ce za ta ƙara farashi ko za ta rufe, kowa sai ya yi maza ya shigar kafin ranar, aikin shekara biyu ya faɗo wa ofis cikin wata uku. Girka ta sha wannan da ta yi ƙarin farashi a 2023 da 2024.

Ina da kuɗina na halal, me ya sa ake ta tambayata daga ina suka fito?

Alhaji ba a ce ka yi sata ba, amma su ba su san ka ba, takarda suka sani. Suna so su bi sawun kuɗin tun daga inda aka same shi har ya shiga akawun ɗinsu ba tare da sawun ya ɓace ba, a nan kuma mutanenmu da yawa suke faɗuwa. Ɗauki ɗan kasuwar Kantin Kwari ko Dawanau, shekara talatin yana juya kuɗi masu yawa, kowa a kasuwa zai shaide shi, amma rabin cinikin hannu da hannu ne, kamfanin sunan yana rajista amma ba a taɓa kiran mai binciken lissafi ba, takardar biyan haraji kuma abin da ke jikinta bai kai kuɗin motar da yake hawa ba. Ya sayar da fili ya haɗa kuɗin, shaidar cinikin takarda ce da aka rubuta da biro mai unguwa ya sa hannu. Sannan ya kira ɗan canjinsa na Wapa ko Zone 4 ya tura masa naira, wani mutum daban a Dubai ko Hon Kon wanda bai taɓa gani ba ya tura yuro zuwa Turai. A wurinmu wannan ciniki ne na yau da kullum, a wurin ma'aikacin bankin Lisbon kuwa kuɗi ne ya faɗo daga hannun baƙo, nan take zai rufe fayil.

Ƙari a kan haka Najeriya ta zauna a jerin ƙasashen da hukumar FATF ke sa wa ido kan safarar kuɗi daga Fabrairun 2023 har Oktoban 2025, bankuna kuma ba sa saurin mantawa. In kuma ka taɓa riƙe muƙamin siyasa, ko mahaifinka ko surukinka, akwai wani ƙarin bincike na musamman. Wanda yake da niyya da gaske gara ya fara gyara takardun kasuwancinsa shekara biyu ko uku kafin ya nemi komai.

Su gwamnatocin suna iya binciken da gaske kuwa?

Tarihi bai nuna haka ba. A Ingila daga 2008 zuwa 2015 an yi wani abin mamaki, ma'aikatar cikin gida tana ganin banki zai bincika kuɗin, banki kuma yana ganin tunda gwamnati ta ba mutum biza ai ta riga ta bincika, sai ya zama babu wanda ya duba, kuma a wannan tsakanin attajiran Rasha da Sin ne suka fi shiga. A Sayifurus bayan Aljazeera ta ɗauki manyan 'yan siyasa a ɓoye suna nuna za su taimaka wa wanda aka ce musu mai laifi ne ya samu fasfo, shugaban majalisa ya sauka, kwamitin bincike kuma ya duba mutum 6,779 da aka ba fasfo daga 2007 zuwa 2020 ya ce sama da rabi ba bisa doka aka ba su ba. Fotugal ma a Nuwamban 2014 an kama shugaban SEF kansa kan zargin cuwa-cuwar bizar, ministan cikin gida ya ajiye aiki, duk da dai daga baya kotu ta wanke su biyun.

Matsalar a gine take cikin shirin. Ofishi ɗaya an ce masa ya jawo masu kuɗi, an kuma ce masa ya tace su, in ya tsaurara a ce yana korar jari, in ya sassauta a wayi gari sunan wani ɓarawon gwamnati ya fito a jarida. Kuma ma'aikacin da ke zaune a Atens ba shi da hanyar da zai tabbatar da takardar 'yan sanda da aka kawo daga wata ƙasa mai nisa, musamman in mai neman shi ne yake juya 'yan sandan can.

Waɗanne takardu ne suka fi ba mutanenmu wahala?

Na farko suna. Fasfo ya ce Mohammed, takardar makaranta ta ce Muhammad, ta banki ta ce Muhammadu, a wata an sa sunan gari a matsayin sunan mahaifi a wata babu. Mu mun san mutum ɗaya ne, kwamfutarsu ba ta sani ba. Sai takardar haihuwa, da yawa takardar rantsuwar kotu gare su ba ta hukumar ƙidaya ba. Sai ta aure, an ɗaura a masallaci shekara ashirin da suka wuce an raba goro an watse, babu wanda ya rubuta komai.

Najeriya kuma ba ta cikin yarjejeniyar nan ta Heg da ke sa hatimi ɗaya ya wadatar, don haka kowace takarda sai ta bi ma'aikatar harkokin waje a Abuja, ta bi ofishin jakadanci, a fassara ta. Abin haushin, takardar shaidar rashin laifi wata uku kawai take yi a wurinsu. Ka haɗa komai ka shigar, su riƙe fayil shekara biyu, ranar da suka waiwaye ka su ce takardunka sun tsufa a sake sabbi.

Matana biyu ne, duk za su shiga?

A'a. A Turai da Amurka mace ɗaya doka ta sani, dokar haɗa iyali ta Tarayyar Turai ta 2003 ma ƙarara ta hana a kawo ta biyu in ɗaya tana ƙasar. Yaran ɗaya ɗakin kuma sai da rubutacciyar yardar mahaifiyarsu, wani wurin ma da ƙyar. A yi wannan maganar a gida tun kafin a biya ko sisi, kuma kada wani ejan ya ce maka a ɓoye auren, ƙarya a fom tana iya sa a ƙwace katin ko bayan shekaru. Amurka ta ma fi tsanani, dokarta tana hana shiga ga wanda zai zo ya ci gaba da zama da mace fiye da ɗaya.

Ta Amurka fa, ba ta fi tsari ba?

Ana kiranta EB-5, sharaɗinta jarin ya samar wa mutum 10 cikakken aiki. Da farko girin kad na shekara biyu ake ba ka mai sharaɗi, sai ka dawo ka nuna ayyukan sun samu kafin a ba ka na dindindin. Biza wajen 10,000 ce a shekara har da mata da yara a ciki, kuma kowace ƙasa kasonta kashi 7 cikin ɗari ne, shi ya sa 'yan Sin suka yi shekaru masu yawa a layi har yaran wasu suka haura shekara 21 suka fita daga lissafin iyali.

Yawancin mutane ba kamfani suke buɗewa ba, cibiyoyin da ke tara kuɗin masu nema su zuba a manyan gine-gine suke ba wa, a nan kuma aka yi ta cin amana. Shahararre shi ne na wurin wasan ƙanƙara na Jay Peak a jihar Bamont, a 2016 hukumar kula da hannun jari ta ce cikin sama da dala miliyan 350 da aka tara an karkatar da fiye da miliyan 200, kuma cibiyar da ya kamata ta sa ido ta gwamnatin jihar ce da kanta. Sannan a ƙarshen Yunin 2021 wa'adin dokar cibiyoyin ya ƙare majalisa ba ta sabunta ba, fayiloli suka tsaya cak sai Maris 2022 da aka yi sabuwar doka.

Za a iya rufe shirin ina tsakiyar layi?

Ƙwarai kuwa. Kanada a 2014 ta rufe nata na tarayya, dubun-dubatar mutane da suka yi shekaru suna jira, akasari 'yan Sin, aka soke fayilolinsu aka mayar musu da kuɗin fom. Ingila ta rufe nata na fam miliyan 2 ranar 17 ga Fabrairun 2022, a ranar aka sanar a ranar aka rufe, mako ɗaya kafin Rasha ta shiga Yukiren. Ayalan a Fabrairun 2023 kwana ɗaya ta ba mutane. Ostareliya ta bi a 2024, Sifen kuma ta rufe ranar 3 ga Afrilun 2025. Galibi wanda ya riga ya shigar ana ƙarasa masa, amma wannan alfarma ce ta dokar da aka rubuta a lokacin, Kanada ta nuna ba dole ba ne.

Ko ba a rufe ba ana iya canza abin da ya kawo ka. Da yawa sun shiga ta Fotugal ne don an ce bayan shekara 5 za ka nemi zama ɗan ƙasa, sai ga shi a 2025 gwamnati ta kai wa majalisa ƙudurin mayar da shi shekara 10. Masu fasfon Banuwatu, wata ƙasar tsibirai a tekun Fasifik, ma sun saya don shiga Turai babu biza, Tarayyar Turai ta janye musu wannan damar saboda sakacin tantancewa, Ingila ita ma a Yulin 2023 ta sa wa Banuwatu da Dominika biza.

Me ya sa suke rufewa in akwai riba?

Gidaje ne babban dalili, a Lisbon da Madrid da Basalona haya ta fi ƙarfin 'yan gari, baƙo mai sayen gida ya kulle ya tafi kuwa shi ne mafi sauƙin nunawa da yatsa, ko da kasonsa a kasuwar bai kai yadda ake zuzutawa ba. Sai tsaro bayan yaƙin Yukiren. Sai kuma ribar kanta da aka duba aka ga ba ta kai ba, Kanada ta ce masu wannan bizar harajin da suke biya a tsawon shekaru bai kai na ƙwararrun ma'aikatan da suka shigo ta hanyar aiki ba.

Saudiyya da Dubai fa? Mu can ya fi mana kusa da zuciya.

Saudiyya ta fito da iƙama ta musamman a 2019, riyal 800,000 sau ɗaya ta dindindin, ko 100,000 duk shekara. Babban daɗinta babu kafili, kana shiga kana fita da kanka, kana iya kasuwanci. Amma ba ta kai ka ga zama ɗan ƙasa, kuma aikin Hajji sai ka nemi tasrihi kamar kowane mazauni. Daular Larabawa ita ma 2019 ta fara, shekara 10 ce ana sabuntawa, ta hanyar gida sai na dirhami miliyan 2. Aikinsu ya fi na Turai sauri nesa ba kusa ba tunda kusan komai ta intanet ne, sai dai can hukuma in ta ga dama ta canza tsari babu wani dogon zance, 'yan Najeriya sun gani da aka dakatar da ba su biza daga 2022 har Yulin 2024.

Kuɗina zai dawo?

In gudummawa ce ta tafi kenan. In gida ne yana nan, amma gidajen da ake tallata wa masu neman biza sau da yawa an ɗora musu farashi ya yi daidai da abin da doka ta ce, ranar sayarwa za ka ga ainihin kuɗinsa, kuma a Girka in ka sayar katin ya tafi tare da gidan. Na Amurka doka ce ma ta ce dole kuɗin ya kasance cikin haɗarin asara, duk wanda ya ba ka garantin dawowa ya ɓata maka fayil. Mai gudun kuɗin ruwa kuma ya tambaya da kyau, don da yawa daga asusun nan bashi suke bayarwa da ruwa, a kai wa malami takardar asusun ya duba kafin a sa hannu.

Me zan tambayi ejan kafin in ba shi ko kwabo?

Tambaye shi wa ke biyansa, don yawancinsu kamasho suke karɓa daga mai ginin ko mai asusun, lauyan da zai haɗa ka da shi ma sau da yawa nasu ne, ka nemi naka daban wanda yake da rajista a ƙasar. Ka ce ya nuna maka dokar a shafin gwamnatin ƙasar, ba ƙasidarsa mai sheƙi ba. Ka tambaye shi mutanen da ya shigar wa shekara biyu da suka wuce su nawa ne katinsu ya fito zuwa yau, kuma in an ƙi ka ko an rufe shirin wane kuɗi ne zai dawo, wanne ne ba zai dawo ba, a rubuce. Kuɗin jarin kuma daga akawun mai sunanka zai fita zuwa akawun mai sunanka a can, kada ya bi ta hannun ejan ko na ɗan'uwansa.